Sunan da Baba Ya Rataya wa Ƙanensa

Daga wurin Allah muka zo, wurinSa za mu koma. Surukina, mahaifin maigidana, wanda duk gidan nan muke kira Baba, ya koma ranar wata Talata da hantsi, a ɗakinsa nan Nasarawa cikin Birnin Kebbi, bayan jinyar kwana tara. Kafin azahar an kai shi makwancinsa. Kafin la'asar zaure ya cika, tabarmi sun kai har bakin hanya.

Ni ba mai fita ba ce, kowa ya san ni da zaman gida da yawan surutu. Karatuna bai wuce na ajin manya ba. Amma Allah ya ba ni kunne. Abin da na ji sau ɗaya ba ya ɓace mini, har da inda mai maganar ya ja numfashi. A kwanakin zaman makoki ni ce ke tsaye bayan ƙofar zaure ina miƙa ruwa da kwanukan abinci, don haka duk abin da masu ta'aziyya suka faɗa a kunnena ya sauka.

Dillalan albasa suka ce an yi rashin dattijo mai tsoron Allah. Limamin unguwa ya ce sahun farko ya yi giɓi. Maƙwabciyarmu Kirista, matar wani ma'aikacin asibiti, ta shigo cikin gida ta rungume surukata Inna tana kuka na gaske, don duk Kirsimeti sai Baba ya aika mata da kwandon albasa. Duk na ji, na ce amin. Sai wani mai babbar murya, ban ga fuskarsa ba, ya ce, "Uwa ɗaya uba ɗaya, amma dubi bambanci. Da ƙane nai ya ɗauko ko rabin halin mamacin ga, da an huta."

Bai rufe baki ba ƙanen ya shigo daga wurin alwala. Baffa ke nan, manomin albasa daga Argungu, tsoho mai ɗingishi da ƙafar hagu. Shi ya yi wa gawar wanka, shi ya shiga kabari da wannan ƙafar ya karɓi ɗan'uwansa. Yana ratsa mutane zai zauna, wani daga can baya ya yi gyaran murya sau biyu, ya ce ƙasa-ƙasa, "Subhana." Na ji dariyar da aka danne. A zaman makokin yayansa fa.

Saboda wannan dariyar nake rubutun nan. Na san ba a son a tona wanda ya kwanta dama. Amma akwai mai rai da ke yawo da sunan da ba nasa ba shekara bakwai, kuma da hannuna a ciki.

Baba dogo ne, fari, kullum cikin farin rawani, da carbi mai tsawo da ba ya barin hannunsa ko yana cin abinci. Ba ya fara magana sai ya yi gyaran murya sau biyu, na farko gajere, na biyu da ɗan ja. Ba ya kuma rufe ta sai ya ce, "Subhanallahi, duniya ta lalace." In miya ta yi gishiri duniya ta lalace, in ya ga mace a kan babur duniya ta lalace. Ran Litinin in baƙi suka zo aka kawo abinci, sai ya ɗaga hannu ya ce yana azumi. Suna fita sai in ji kira daga ɗaki: "Amarya, ɗan dama min hura kaɗan. Cikin ga na ka damuna, Allah ya san lalura." Amarya yake kirana, har na haifi ɗiya biyu bai sake mini suna ba.

Sana'arsa albasa. Yana saye daga manoman fadama, a zuba a buhuna a bayan gida, manyan motoci su kwashe zuwa kudu. Rumfar da ake cika buhunan kuwa jikin katangar madafata take. Zai dawo daga masallaci ya tsaya ƙofar gida ya yi wa matasa wa'azi a kan ha'inci har wani ya sunkuyar da kai. Daga nan ya zagayo rumfa, carbin na hannunsa, ya yi gyaran murya sau biyu ya ce da leburori, "Ku yi ma buhun ga huska. Ƙanana da masu ruwa ƙasa, manya sama. Subhanallahi, duniya ta lalace." Da numfashi ɗaya yake faɗin duka. Fuska ita ce a jera manyan albasa jajaye a bakin buhu, don mai saye in ya leƙa ya ɗauka haka take har ƙasa. Ina tuƙa tuwo ina ji, shekara da shekaru.

Ba zan ɓoye alherinsa ba, don ba don shi ba da ban iya riƙe alƙalamin nan ba. Da aka buɗe ajin manya na mata a unguwarmu na nuna ina so, maigidana ya ce babu inda za ni. Baba ya ji, ya kira shi ya ce, "Bar ta ta tahi. Mi za ta ɗauke maka?" Shi ya sayo mini littafi da fensir da kansa. Ranar da na fara haɗa baƙi na karanta masa rubutun jikin kalanda, sai ya yi dariya har rawaninsa ya karkace, ya sa aka kawo mini gasasshen kifi daga Argungu. Wannan ya yi, kuma ina roƙon Allah ya sa ya tarar da shi.

To ga nawa laifin. In na je gidanmu gaida tsohuwata, nakan yi musu muryar mutanen gidan aurena don a yi dariya. Ta Baba ce ta fi karɓuwa. Ina yin gyaran muryar, in ja zanena kamar babbar riga, in faɗi maganar buhu, sai tsohuwata ta riƙe ciki tana cewa, "Ke, ki ji tsoron Allah!" Yayana malamin makaranta ne, shi ke kula da wasan kwaikwayo na ɗalibai. Rannan ya ce in sake, na sake, na ga yana rubutawa a bayan wata takarda. Ban tambaye shi ba. Ko in ce ban so in tambaya ba, don daɗi nake ji ana dariyar maganata.

Da ranar ba da kyaututtuka ta makarantarsu ta zo, aka gayyaci dattawan gari, Baba na sahun gaba. Ni ban je ba, maigidana ya ba ni labari, ya dawo ko abinci bai iya ci ba. Wani ɗalibi ya fito da aron rawani da gemun auduga da dogon carbi, sunansa a wasan Alhaji Subhana. Ya yi wa'azi a kan ha'inci, ya zagaya bayan labule ya yi gyaran murya sau biyu ya ce a yi wa buhu fuska. Har furar ran Litinin an sa. Ɗakin taro ya kece da dariya, mutane na satar kallon sahun gaba. Baba ya duba agogo ya ce la'asar ta yi, ya fita, alhali da saura.

Wata guda cur Baba bai yi gyaran murya ba. In tari ya zo masa sai ya haɗiye. Bai ce mini komai ba, don in ya tambaye ni ya amsa ke nan cewa shi ne. Amma a makon nan ya sa aka cire rumfar albasa daga jikin madafata aka kai ta can ƙarshen gida. Daga ranar kuma ban sake jin Amarya a bakinsa ba. Sai dai ya ce, "Ku ce ma waccan ta kawo ruwa."

Da abin ya tsaya a nan, da na ce ya sami daidai da shi, a wuce wurin. Mutanen da suka gani ba su fi cikin ɗakin taro ɗaya ba.

Bayan kamar shekara, wasu masu shirya wasanni suka ji labari suka ɗauki wasan zuwa Sakkwato don a sa a talabijin, a yanka shi kashi-kashi duk Lahadi. Yayana ya je ya dawo ransa a ɓace. Ya ce sun cire rawanin da carbin da gemun, wai ba sa son rigima da malamai, sun ɗora wa Alhaji Subhana malfa irin ta manoma. Ɗan wasan da suka ba kuma, a kowane wasa da ɗingishi yake fitowa, shi ne abin da aka san shi da shi. Yaya ya ce, "Na ce musu mutumin lahiya tai lau, ƙahwa tai ƙalau. Sunka ce ɗingishi shi ka sa dariya." Wannan ɗan wasan bai taɓa taka Argungu ba. Bai san akwai wani manomin albasa mai malfa, wanda jirgin ruwa ya matse wa ƙafar hagu a bakin gulbi tun yana saurayi ba.

Baba, wanda ke kiran talabijin akwatin shaiɗan, ya je ya sayo ɗaya. Ya ce don ya san abin da zai hana. Aka kafa eriya a kan doguwar gora, ran Lahadi bayan la'asar ya sa aka fito da akwatin zaure aka jera benci, don kada a ce tsoro yake ji. Maƙwabta suka cika. Ni da Inna muna leƙe ta tsagar ƙofa. Ina ganin wuyansa daga baya, gumi na bin gefen rawanin.

Alhaji Subhana ya fito da malfa yana jan ƙafar hagu. Ya yi gyaran murya sau biyu. Zaure ya yi tsit, don akwai waɗanda suka ga wasan makaranta. Na ga Baba ya ɗan miƙe zaune, ya ƙura wa ƙafar nan ido. Sai ya tafa hannu ya ce da ƙarfi, "Subhanallahi! Wa yak kai ƙanena Sakkwato?"

Dariyar da aka yi ranar, ta samun sauƙi ce. Kowa ya ji an sauke masa kaya, an ba shi wanda zai yi wa dariya ba tare da ya ɓata da mai gida ba. Inna ta damƙe mini hannu har sai da na ji zafi.

Bai bar ta a zaure ba. Ranar kasuwa ya shiga mota ya tafi Argungu, inda ba wanda ya ga wasan makaranta. Matar Baffa ce ta ba ni wannan labarin daga baya. Ya bi rumfunan 'yan albasa yana gaisawa, fuska a murtuke kamar mai juyayi, yana cewa, "Ku yi haƙuri da shi. Na yi mai hwaɗa har na gaji. Ga shi yanzu an kai mu talabijin, an zubar muna da mutuncin gida." Bai yi ƙarya a fili ba, bai ce Baffa na yi wa buhu fuska ba. Haƙuri kawai ya bayar, ya bar mutane suka ƙarasa.

Baffa, wanda albasarsa sama da ƙasa ɗaya ce tun da ya fara noma, ya wayi gari masu saye ba sa ɗaukar buhunsa sai ya zazzage shi a ƙasa sun gani. Albasa kuwa ba ta son wahala. A zazzage a mayar, a zazzage a mayar, cikin rana, kafin yamma ta ƙuje ta fara ruwa, sai a ce ga shi nan, dama an faɗa. Ya daina ɗinke bakin buhu, ya ce wahalar basilla ce kawai tunda za a farke. Yara suka riƙa binsa suna ɗingishi suna gyaran murya. Da can in limamin masallacinsu ya yi tafiya shi ake turawa gaba, sai aka koma tura wani. Wasan kuma bai mutu ba, duk lokacin da masu talabijin suka rasa abin sawa sai su maimaita shi, sunan ya sake tashi sabo.

Sau ɗaya na ji Inna ta tare shi. Ta kai masa ruwan alwala ta tsaya a kansa ta ce, "Alhaji, ka ji tsoron Allah. Ƙanenka na. Nono ɗaya kunka sha."

Ya ce, "Ni niy yi wasan?"

Ta ce, "Kai ka san wa anka yi ma wasan."

Ya ce, "Ni nib ba shi ɗingishi? Allah yab ba shi. In kina da ƙara ki kai can." Ya ci gaba da wanke ƙafarsa, lafiyayya, yana shafa tsakanin yatsu a hankali. Kwana uku Inna ba ta zuba masa abinci da hannunta ba, daga baya ta haƙura, don ita ma tsufa ya kama ta a gidan.

Ni kuwa da nake ta zagin Baba a takardar nan, bari in faɗi tawa ranar. Ranar sunan ɗiyata ta uku, Baffa ya zo. Na kai masa kwanon masa a ɗakin baƙi, na durƙusa na gaishe shi. Ya dubi kwanon, ya ce, "Ɗiyata, an ce ke kunnenki ba ya ɓata magana. Don Allah in tambaye ki. Maganag ga ta cikin akwati, kin taɓa jin ta ga bakina?"

Na ce, "A'a, Baffa."

Ya ce, "To ga bakin wa kinka ji ta?"

Ina jin takun Baba a tsakar gida. Na tuna aurena, na tuna yarana, na tuna Yaya da aikinsa. Na ce, "Ban sani ba, Baffa." Ya gyaɗa kai ya ce Allah shi raya abin da anka samu, ya sa hannu a masar. Bai sake tambayata ba har yau.

Shi ya sa ranar addu'ar uku, da na sake jin wani ya yi gyaran muryar nan bayan an shafa fatiha, wani abu ya tsinke mini. Ina tsaye bayan ƙofar zaure da kwanon gumba a hannu. Ɗan wasan talabijin maganar kawai ya samu, bai taɓa jin muryar ba. Muryar tana wurina. Na ajiye kwanon, na yi gyaran murya, na farko gajere, na biyu da ɗan ja, na buɗe baki da muryar Baba sak, yadda take fitowa ta hanci in ya zo ƙarshe: "Ku yi ma buhun ga huska. Ƙanana da masu ruwa ƙasa, manya sama. Subhanallahi, duniya ta lalace."

Wani ya yi salati da ƙarfi. Na ji buta ta faɗi. Mutanen da suka yi shekara talatin suna jin muryar nan a sahun farko, sun ji ta kwana uku bayan sun binne mai ita, tana faɗin maganar da suka rataya wa wani. Ba wanda ya yi dariya. Wani tsohon lebura da ya yi aiki a rumfar ya ce a hankali, "Wallahi haka shika cewa." Daga nan sai na ji mutane na neman takalmansu.

Na ɗauka Baffa zai ji sanyi. Na ji jan ƙafarsa ya nufo ƙofa, ya tsaya daga waje, ni daga ciki, ba ma ganin juna. Ya ce, "Ɗiyata, ke ta?"

Na ce, "Ni ce, Baffa."

Ya ce, "Da rai nai na tambaye ki, kinka ce ba ki sani ba. Sai yanzu da yak kwanta inda ba shi iya amsawa?" Ya ƙara da cewa, "Ni nis sa shi cikin rami da hannuna. Ba ki kyauta mai ba, ni ma ba ki kyauta min ba. Ɗauki kwanonki."

Na ɗauki kwanona. Maigidana ya yi sati biyu ba ya amsa gaisuwata, yanzu yana amsawa da ka. Inna ba ta ce na yi daidai ba, ba ta ce na yi kuskure ba, amma tun ranar in zan yi girki sai ta jawo kujerarta ta zauna kusa da ni.

Waɗanda suka ji ni a zaure mutanen Birnin Kebbi ne, yawancinsu dama sun sani, shiru suka yi kamar yadda na yi. Mutanen Argungu ba su ji ba, kuma a can Baffa ke zaune. Shi ya sa na rubuta, Yaya zai kai a karanta a inda ya kamata. Alhaji Subhana surukina ne, mai rawani da carbi, ƙafarsa lafiya lau har ya mutu. Ni na kwashi maganarsa daga jikin katangar madafa na kai waje. Malfa da ɗingishi a Sakkwato aka ƙara su. Wanda ya ga an maimaita wasan, in zai yi dariya ya san wa yake yi wa.

Da sadakar arba'in ta matso, Baffa bai zo ba, ya ce ƙafar ta matsa masa. Ya aiko da buhun albasa ɗaya a motar haya don girkin sadaka, bakinsa a buɗe kamar yadda ya saba yanzu. Ɗaya daga cikin matan da suka zo taya aiki ta kama gindin buhun za ta zazzage, na ce ta sake shi. Na jingine shi a madafa, kullum ina ɗiba daga sama, abin da aka yi sadaka da shi aka yi, saura muka ci gaba da miya. Yau da safe hannuna ya taɓa ƙasan buhun. Ta ƙarshen da na ciro ta cika mini tafi, jajir, busasshiya, ba ta da tabo ko ɗaya. Ban yanka ta ba, tana nan gabana a kan tabarma.

Allah ka gafarta wa Baba, ka sa littafi da fensirin nan su yi masa nauyi a ranar awo. Abin da ke tsakaninsa da ƙanensa kuwa, ba ni da bakin roƙa masa, sai in Baffa ya yafe. Ni ma ina jiran tawa yafiyar.